Almajirin Fim Ba Shi Da Suna

'Yan uwana marubuta, musamman masu rubuta wa 'yan fim labari, yau da ku nake. Tun daga Turmin Danya na 1990 zuwa yanzu, sau nawa kuka raɗa wa almajiri suna? Aikinsa a fim bai wuce ya yi sallama da ƙoƙo ba, Hajiya ta miƙa masa ragowar tuwo don mai kallo ya san tana da kirki. Daga nan ya ɓace. Daga wane gari ya zo? Ina yake kwana? Oho!

Amsar kuwa ba nisa gare ta ba. Duk wanda ya ratsa Yakasai zuwa kasuwar Rimi da asubar hunturu zai ga yara a ƙudundune cikin zauruka, wasu ko tabarma babu.

Wannan ciwo ba namu ne mu kaɗai ba. A Turai akwai al'ummar Roma (ba mutanen birnin Rum nake nufi ba), waɗanda kakanninsu suka baro arewacin Indiya kimanin shekara 1,000 da suka wuce. An daɗe finafinan Turawa na nuna su a matsayin ɓarayi, 'yan duba da 'yan rawa. Wanda aka saba gani haka kuwa korarsa ba ta da wuya. A 2010 gwamnatin Sarkozy ta rushe matsugunansu a Faransa, ta tasa ƙeyar da yawa zuwa Romaniya da Bulgeriya. Kada mu yi musu dariya. A 2020, lokacin annobar korona, gwamnonin Arewa sun loda almajirai a motoci, kowace jiha na mayar wa wata. Mu nawa muka ɗauki alƙalami?

Na san za ku ce fim kasuwa ne, soyayya ake saye. Na ji. Amma wanda bai taɓa kasa haja ba, ina ya san ba ta da masaya? Tony Gatlif, wanda jinin Roma ne, ya yi Latcho Drom a 1993, ya bi sawun danginsa daga Rajastan har Sifen, duniya ta kalla.

Abin kunyar ma a gida yake. A 2011 wasu almajirai tara a nan Kano, da taimakon Hannah Hoechner da Cibiyar Goethe, suka tsara labarinsu, suka riƙe kyamara da kansu, suka fito da Duniya Juyi Juyi. Yaran da muke aike cefane sun riga mu, mu masu takardun shaida. Jarumin nasu yana da uba, yana da ƙauyen da ya baro, kuma sunansa Aminu.