Matar Da Ta Kwaɓa Birni Da Fulawa

Yau ina son mu ɗan ajiye littafi mu leƙa San Faransisko ta Amurka, don in faɗi ra'ayina kan wata mata, Ruth Asawa, wadda mutanen garin suka laƙaba wa "matar maɓuɓɓugan ruwa".

An haife ta a 1926 a Kalifoniya, iyayenta manoma ne 'yan asalin Japan. A 1942, lokacin yaƙin duniya na biyu, gwamnati ta tsare mahaifinta, ita kuma da sauran 'yan gidan aka zuba su a filin sukuwa na Santa Anita, daga can sai sansanin Rohwer a Arkansas. Laifinsu kawai asalinsu. Bayan ta fito ta yi karatun koyarwa a Milwaukee, amma aka hana ta aikin gwaji saboda 'yar Japan ce. Wannan ne ya kai ta kwalejin Black Mountain a 1946.

Masana sun fi yabon ta kan siffofin da take saƙawa da waya, dabarar da ta koya wajen masu saƙar kwando a Meziko. Ba na musun kyansu. Amma ni a ganina babban aikinta yana waje, inda ba a biyan kuɗin shiga.

Ku dubi maɓuɓɓugar da ta yi a dandalin Ghirardelli a 1968: 'yan ruwa biyu na tagulla, rabi mace rabi kifi, ɗaya tana shayar da jariri, ga kunkuru da kwaɗi kewaye da su. Lawrence Halprin, wanda ya tsara dandalin, ya ce sam aikin bai dace da wurin ba, a cire. Jama'ar gari suka tsaya mata. To uwa mai 'ya'ya shida, wa zai koya mata abin da ya cancanci a zuba da tagulla?

Wadda ta fi burge ni ita ce ta kusa da dandalin Union, ta 1973. Kwaɓin fulawa da gishiri da ruwa ta yi, irin wanda take ba yara a makaranta, ta tara mutane sama da 200, har da ƙananan yara, kowa ya murza gida ko mota ko gada ta garinsu. Aka yi zubin su da tagulla, faranti 41. Wasu za su ce wasan yara ne. Ni kuwa na ce da wuya a sami gwanin da zai yarda hannun ɗan firamare ya zauna daidai da nasa a aikin da zai fi shi daɗewa.

A 2013, shekarar da ta rasu, kamfanin Apple ya fito da zanen sabon shago a wurin, babu maɓuɓɓugar a ciki. Gari ya ɗauki surutu, dole aka sake zanen, aka bar ta a gefen shagon.