Gida da Gona: Man Aduwa

Duk wanda ya bi hanyar Gumel zuwa Maigatari ya san aduwa. Tana nan cikin gonakin Gagarawa da Sule Tankarkar, da ƙayarta da koren ganyenta, kome tsananin rani. Yara su tsotse 'ya'yanta, awaki su ci, mu kuwa mu bar ƙwallon a ƙasa. To, cikin ƙwallon nan dukiyar ta ke.

Kakanninmu mata sun san aikin. A tsinto 'ya'yan da suka faɗi, a jiƙa, a wanke, a shanya. Sa'an nan a fasa ƙwallon ɗaya ɗaya da dutse. A soya ƙwayar, a daka, a yayyafa ruwan zafi, a yi ta murzawa kamar aikin ƙuli-ƙuli har mai ya fito. Aiki ne mai cin hannu, amma ya kan ba gida man girki da na shafawa.

A ƙasar Maroko, wajen birnin Agadir, akwai wani itace mai ƙaya, sunansa argan. Matan karkara su ke fasa ƙwallonsa da dutse, daidai yadda a ke yi a nan. Tun wajen 1996 suka fara haɗa kai ƙungiya ƙungiya, suna sayar da mansu tare. A 1998 hukumar UNESCO ta sa dajin cikin wuraren da a ke kiyayewa. Yau man argan ya kai kantunan Turai da Amurka.

Mu fa? Muna sare aduwa domin gawayi da itacen girki. Kuɗin buhun gawayi ba ya kwana bakwai, amma itacen ya kan yi shekaru kafin ya soma 'ya'ya. Tsofaffinmu ba su manta da farin 1973 da na 1984 ba, sa'ad da gero ya ƙi, ganyen aduwa da dubagira suka riƙe gidaje da yawa.

Maigida, in ka tarar da 'yar aduwa cikin gonarka, ka kewaye ta da ƙaya. Uwargida, ki nemi tsohuwar da ta iya aikin, ki tafi da 'ya'yanki mata su koya tun tana da rai. Mata biyar ko goma za su iya tara mansu, su kai kasuwar Maigatari ran Alhamis. Da tsohuwar zuma a ke magani.

Sai wata mai zuwa, in Allah ya kai mu.