Wasiƙa Zuwa ga Masu Rawar Bale da Suka Hau Kujerar Shugabanci

'Yan'uwa,

Yawancinku kun kama sandar atisaye tun kuna yara, kuma kafin shekara 40 gwiwa da idon sawu sun ce a dakata. Yanzu ga ƙungiya a hannunku, ku ne masu tsara rawa, ku ne masu zaɓen wanda zai fito dandamali. To, idan kiɗa ya sauya, rawa ma sai ta sauya. Abin da ya fi damuna shi ne yadda wasunku ke shiga ɗakin atisaye suna neman ƙuruciyarsu a jikin 'ya'yan mutane. Mai tsalle yana son kowa ya yi tsalle irin nasa. Yarinyar da baiwarta ke cikin lanƙwasar baya da nutsuwar hannu sai ta kwana tana kuka, don an auna ta da mudun wani.

Ku tuna da Arthur Mitchell. Baƙar fata ne daga unguwar Harlem, ya shiga New York City Ballet a 1955. A 1957 George Balanchine ya tsara masa rawar mutum biyu a cikin wasan bale mai suna Agon, shi da Diana Adams, farar mace, a Amurkar da wariya ke da sauran ƙarfi. Balanchine ya dubi jikin da ke tsaye a gabansa, tsawon ƙafarsa da ƙarfin hannunsa, ya ɗinka rawar daidai da shi. Mitchell ya riƙe wannan darasi. Bayan an kashe Martin Luther King a 1968, ya koma unguwarsu yana koyar da yara, a 1969 kuma shi da malaminsa Karel Shook suka kafa Dance Theatre of Harlem. Har safa da takalman tsayuwa kan yatsu ƙungiyar ta riƙa rinawa su dace da launin fatar kowace mai rawa. Ƙaramin abu ne a ido, amma ni a wurina ya fi dogon jawabi, domin sai wanda ya zura wa ɗalibarsa ido sosai yake lura cewa takalmi mai launin ruwan hoda yana yanke mata ƙafa gida biyu.

Sai batun kuɗi, wanda ba a koyarwa gaban madubi. A 2004 bashi ya tsayar da wasannin wannan ƙungiya, aka shafe shekara 8 kafin ta dawo a hannun Virginia Johnson, ɗaya daga cikin 'yan rawarta na farko, da mutum 18 kacal. Don Allah ku zauna da akawunku kafin ku yi odar sababbin kaya.

Gobe idan kun shiga atisaye, kada ku tashi nuna takun da kanku. Ku koma bango ku zauna, ku bar yaron can na layin baya ya yi sau uku kafin ku buɗe baki.

Naku,
mai kallo daga kujerun baya.