Ƙaryar da Wasannin Bayan Rushewar Duniya Ke Faɗa a Kan Ɗan Adam

Akwai wata magana da ta yaɗu a bakin samarinmu masu ilmin zamani, tun daga ɗaliban jami'ar kimiyya da fasaha ta Aliero har zuwa yaran da ke taruwa a shagunan cajin waya na Andarai da Maiyama da Jega, wadda na ga ya wajaba a yi mata raddi tun ba ta zama aƙida ba. Maganar kuwa ita ce, wai wasannin nan na bidiyo masu ba da labarin bayan rushewar duniya, inda annoba ta cinye birane, hukuma ta watse, 'yan tsirarun da suka saura suna ɓuya a kufai, su ne suka fi kowane littafi bayyana ainihin halin ɗan Adam. Wai da zarar an janye ɗan sanda da alƙali, aka rufe kasuwa, to, babu sauran amana tsakanin mutum da maƙwabcinsa, kuma wanda zai tsira shi ne wanda ya riga ɗan'uwansa harbi. Dattawanmu, su kuma, iyakar abin da suke ƙi a wasannin nan shi ne ɓata lokaci da jinin da ake zubarwa a fuskar allo. Ni a ganina ɓata lokacin ƙaramin laifi ne. Babban laifin yana cikin labarin kansa, domin labarin yana ɗauke da da'awa a kan halittar mutum, da'awar kuwa ƙarya ce, kuma mutanen wannan yanki suna da hujjar ƙaryata ta fiye da waɗanda suka ƙaga ta.

Ya kamata in fara da kawo labarin bisa adalci, ta hanyar wanda ya fi shahara a cikinsu, watau The Last of Us, wanda kamfanin Naughty Dog na Amurka ya fitar a shekarar 2013, aka kuma mayar da shi fim mai dogon zango a 2023. Wani irin funfuna ne, daga dangin wanda a haƙiƙa yake kama tururuwa a dazuzzuka ya mallake jikinta, aka ƙaddara cewa ya tsallako kan mutane, wanda duk ya kamu sai hankalinsa ya gushe ya koma cizon na kusa da shi. Bayan shekara 20 da aukuwar haka, aka damƙa wa wani mutum mai suna Joel, wanda 'yarsa ta mutu a daren farko na fitinar, wata yarinya Ellie da cutar ba ta yi wa illa, domin ya kai ta daga birnin Boston zuwa ga wata ƙungiya mai neman rigakafi. Suka ratsa ƙasar Amurka, kusan duk wanda suka tarar a hanya ko ɗan fashi ne, ko soja azzalumi, ko mai cin naman mutane. Da suka isa asibiti a Salt Lake City, aka ce ba za a sami rigakafin ba sai an fiɗe ƙwaƙwalwar yarinyar, abin da zai kai ta ga mutuwa. Sai Joel ya bi mutanen asibitin da harbi har likitan, ya ɗauke ta, sa'an nan ya rantse mata a kan ƙarya. A kashi na biyu, na shekarar 2020, 'yar likitan nan ta zo ta kashe Joel, Ellie kuma ta fita neman fansa. Kafin wannan duka akwai Resident Evil na kamfanin Capcom na Japan, tun 1996, inda wani kamfanin magunguna ya haddasa cutar, daga bisani hukuma ta ga babu mafita sai ta shafe garin da cutar ta ɓulla a cikinsa da makami mai linzami.

Ba na musun gwanintar masu wannan aiki, kuma wanda ya bi labarin Joel da Ellie bai ji tausayi ba, zuciyarsa ta bushe. Amma a lura da dalilin da ya sa labarin ya ɗauki wannan siffa. Ɗan wasa yana riƙe da na'ura mai maɓallai, kuma aikin da maɓallan nan suka fi iyawa shi ne auna abu a harbe shi. Saboda haka dole marubucin ya samar da halittu masu surar mutane waɗanda za a kashe ɗaruruwansu ba tare da zuciya ta yi nauyi ba. Daga nan ne aka haifi majinyacin da ba shi da sauran haƙƙi, da baƙon da ba a yi masa sannu da zuwa. Buƙatar ciniki ce ta haifi wannan duniya, sa'an nan aka lulluɓe ta da rigar hikima aka ce ita ce gaskiya mai ɗaci. Shaidar haka tana cikin wasan kansa: akwai wani gari, Jackson, inda ƙanen Joel da jama'arsa suka gyara madatsar ruwa suka dawo da lantarki, suna noma suna kiwo suna renon yara, amma labarin bai daɗe a can ba sai ya koma daji, domin zaman lafiya ba ya sayuwa a wannan kasuwa.

To, mu dubi abin da ya auku ga mutanen da duniyarsu ta rushe da gaske. Ƙasar Hausa ta ga yunwar 1913 zuwa 1914, wadda aka fi sani da Kakalaba, ta ga fari na farkon shekarun 1970 da ya ƙarar da dabbobi tun daga Agadas har Sakkwato, ta ga sanƙarau na 1996 da ya kashe sama da mutum 11,000 a Nijeriya. Mu nan Kabi mun ga ambaliyar 2020, wadda ta shanye gonakin shinkafa masu faɗin kadada dubu ɗaruruwa, ta karya gadoji ta raba garuruwa da juna. A watan Maris na 2025 gwamnatin jiha ta ba da sanarwar mutuwar mutum 26 da ake zargin sanƙarau ne, mafi yawansu a Gwandu da Jega da Aliero, watau a ƙofar gidanmu. Sanƙarau cuta ce mai yaɗuwa ta numfashi, mai sanƙarar da wuya, mai gusar da hankali cikin kwana ɗaya ko biyu, kuma kowa ya san haka. Duk da haka wa ya taɓa jin an kulle majinyaci a ɗaki an gudu? Ɗaukarsa ake yi a kan babur, wani yana tuƙi wani yana tallafe da kansa a baya, uwa ta kwana tana yi masa fifita, in ya cika a yi masa wanka da likkafani a yi sahu a yi masa salla, domin farilla ce ta kifaya wadda in aka bar ta gari duka ya yi zunubi. In akwai abin da ma'aikatan lafiya ke fama da shi a wajenmu, to, shi ne hana mutane cunkushewa a kan mara lafiya, akasin abin da wasan ke koyarwa ke nan. Ranar ambaliya kuwa masu jiragen ruwa ne, Sarkawa da sauran masunta, suke kwaso mutane kafin wata motar hukuma ta iso, kuma gidajen dangi da makarantu da masallatai su ne mafaka ta farko. Haka aka gani a Maiduguri, inda ɗimbin waɗanda Boko Haram ta kora suka sauka a gidajen jama'a, mai ɗaki biyu ya ba da ɗaya. Garin Jega ma da muke cin kasuwarsa, zuriyar mutanen Gimbana ne suka kafa shi a ƙarƙashin Buhari ɗan Abdussalami, bayan rundunar Gobir ta ci garin iyayensu gab da jihadi, kuma bayan wata rushewar a Kware. Abin da waɗanda suka tsira suka gina shi ne kasuwa, wurin da ba ya tsayuwa sai an amince wa baƙo.

Malamanmu ba su jahilci wannan babi ba. Ibn Khaldun ya rasa mahaifansa biyu da malamansa da yawa a annobar da ta auka wa Tunis a 1348 zuwa 1349, annobar da ta kashe wajen sulusin mutanen Turai, ya kuma rubuta cewa kamar an naɗe duniya ne an sake halitta. Mutumin da ya ga wannan da idonsa, da ya zo aza harsashin ilmin zamantakewa a Muƙaddima, sai ya fara da cewa mutum ɗaya ba ya iya samar wa kansa ko da abincin yini guda, sai da manomi da maƙeri da mai niƙa, kuma ba ya iya kare kansa sai da taimakon 'yan'uwansa. Bai ɓoye cewa akwai zalunci a ɗabi'ar mutum ba, shi ya sa ya ce dole a sami mai tsawatarwa. Amma bai taɓa ɗaukar kaɗaici a matsayin hanyar tsira ba. A zamanin Sayyidina Umar, a kusa da shekara ta 18 bayan Hijira, fari da annoba suka haɗu: Shekarar Toka a Hijaz, da annobar Amwas a Sham. Halifa ya haramta wa kansa man shanu har sai talakawa sun samu, ya aika wa gwamnoni aka turo ayarin abinci, ya dakatar da haddin sata saboda larura. Da ya ji labarin annoba a kan hanyarsa ta zuwa Sham kuwa, sai ya yi shawara da sahabbai ya juya, bisa umarnin Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, na kada a shiga garin da annoba take kada kuma a fita daga cikinsa. Killacewa ce wadda ba ta cire wa majinyaci mutuncinsa ba. Annabi kuma ya yabi Ash'ariyyawa saboda in abincinsu ya yi ƙaranci sukan tara shi wuri ɗaya su raba daidai, ya kuma yi umarni ga wanda tashin alƙiyama ya riska da dashen dabino a hannunsa ya dasa shi in ya sami iko.

Za a ce da ni, ina ka bar 'yan bindiga? Ina ka bar ɗaliban da aka sace a kwalejin gwamnatin tarayya ta Birnin Yauri a watan Yuni na 2021, da mutanen Mera ta ƙasar Augie da Lakurawa suka kashe a Nuwamban 2024? Ban manta da su ba, kuma a lokutan yunwa ma an sami masu ɓoye hatsi da masu karɓe gonakin talakawa a jingina. Amma a ƙidaya: a kowane ƙauyen da aka tasa, maharan 'yan kaɗan ne a kan masu ɗaukar gawa da masu karɓar marayu da masu haɗa kuɗin fansa kwabo-kwabo. Mutanen Mera ma sun mutu ne a sa'ad da suka bi sawun dabbobin 'yan garinsu da aka kora. Wasan ya ɗauki 'yan tsiraru ya mai da su su ne ɗan Adam, ya shafe mafi rinjaye.

Nan ne kuma hatsarin yake, domin imani da cewa kowa maƙiyi ne yana haifar da abin da ake tsoro. Bayan guguwar Katrina ta 2005, jita-jita ta cika Amurka cewa mutanen New Orleans suna yanka juna a wuraren mafaka. Bincike ya nuna mafi yawan labaran ba su da tushe, amma kafin a gane haka an jinkirta agaji, 'yan sanda kuma sun harbi mutum shida marasa makami a gadar Danziger, biyu suka mutu. Mu ma mun ga irinsa a Zamfara, inda wasu 'yan sa-kai suka riƙa kashe Bafulatani a kasuwa don kawai Bafulatani ne, kamar wanda ya kamu da cutar da ba a tambayar mai ita laifinsa, abin da ya tura ƙannen waɗanda aka kashe cikin daji suka ɗauki bindiga. Ban ce wasan bidiyo ne ya jawo wannan ba, masu kisan galibinsu ba su taɓa riƙe na'urar ba. Abin da nake cewa shi ne, saurayin da ke zaune a ƙasar da wannan fitina ke ci, bai kamata ya kwana yana horar da zuciyarsa a kan raba mutane gida biyu, namu da waɗanda jininsu ya halatta, sa'an nan ya kira wannan wayewa ba.

Ko matsalar da aka rufe kashi na farko na The Last of Us da ita, tsohuwa ce a wajen malaman usulu. Imam Gazali ya kawo misalin jirgin ruwa da zai nutse sai an jefa mutum ɗaya, ya yanke cewa bai halatta a jefa shi ba, domin ran wanda bai yi laifi ba ba ya zama fansar wasu don sun fi shi yawa. Bisa wannan, likitocin da suka yi niyyar fiɗe Ellie tana sume, ba tare da ko an tambaye ta ba, sun yi kuskure. Joel kuma da ya kashe har wata mata da ta riga ta faɗi tana roƙonsa, ya kuma yi rantsuwar ƙarya, ya yi nasa kuskuren. Abin da babu a asibitin nan shi ne mutum na uku: babu dattijo, babu malami, babu wanda zai ce a dakata yarinya ta farfaɗo a zauna a yi shawara. An cire shi da gangan, domin da yana nan da ba a yi harbin da ɗan wasa ya sayi wasan dominsa ba. A Andarai kuwa, ko rigimar iyakar gona ce ba a rasa wannan mutum na uku.

Saboda haka ba na kiran a ƙwace wayoyi ko a rufe gidajen wasa, domin hani ba ya kashe labari, sai wani labarin da ya fi shi. A Aliero akwai ɗalibai masu karatun kwamfuta, kuma kayan ƙera irin waɗannan wasanni, kamar Godot da Unity, ana samunsu a intanet. Su ɗauki daren da ruwa ya ci gari a 2020 su mai da shi wasa: jirgi ɗaya, mutum talatin a kan tudu, tsohuwa da ba ta iya tafiya, buhun gero da zai jiƙe in an bar shi, gada ta karye, waya babu caji, kuma dole a zaɓi wanda za a fara tsallakarwa. Akwai tsoro a ciki da ya ishi kowane mai son tsoro, akwai zaɓi mai nauyi, kuma waɗanda za su ba da labarin yadda aka yi suna nan da ransu a ƙauyukan bakin gulbin Zamfara, ana iya zuwa a tambaye su.