Ɗan Garuwa a Agege, Kachalla a Haɗejia



Akwai wani yaro da yake kawo mana ruwa a layinmu nan Agege, yana turo kura cike da jarkoki tun kafin a fito sallar asuba. Rannan na tsaya muna hira, na tambaye shi garinsu, ya ce daga wani ƙauye yake a ƙasar Haɗejia. Na ce kai da kuke bakin kogi, me ya kawo ka Legas sayar da ruwa? Sai ya yi dariya ya ce, "Baba, ai ruwan ne ya koro mu." Gonar shinkafar mahaifinsa ta koma dajin kachalla, ruwa yana kwance a ciki rani da damina, kwale-kwale ma ba ya ratsawa balle a yi shuka.

Wannan magana ce ta sa na zauna rubutu yau, domin na lura mu da muke zaune a Sabo ta Ibadan, da Mile 12, da Shagamu, da Anaca, mun ɗauki zancen dam da noman rani kamar na mutanen gida ne kawai. Alhali kwandon tumatirin da ake saukewa daga tirela a Mile 12, da buhun albasa, da tattasai da attaruhu, kusan duk abin da ya iso mana tsakanin Janairu da Afrilu ruwan kanal ne da na fadama ya rene shi. Dillali da ɗan dako da direba da mai shayin bakin tasha, kowa daga wannan ruwa yake ci. Mun ga misali a 2021, bayan rikicin kasuwar Shasha, lokacin da ƙungiyar fataken abinci da dabbobi ta dakatar da kawo kaya Kudu na 'yan kwanaki. Nan kaya suka yi tashin gwauron zabi, can kuma tumatir ya ruɓe a hannun manoma.

Ita kanta kalmar cin rani ta isa shaida. Ƙasar da ake samun ruwan sama wata huɗu ko biyar, sauran watannin me majiyi ƙarfi zai zauna yi? Inda aka ba shi ruwa yakan zauna. Duk wanda ya san Kura da Kadawa da Bunkure da Garun Malam ya san haka. Dam ɗin Tiga da aka gama a 1974 zamanin Audu Bako, Allah ya jiƙansa, shi ya mai da wannan yanki wurin da ake noman alkama da shinkafa da tumatir a tsakiyar rani, har mutane daga wasu jihohi suke zuwa ƙwadago can maimakon su gangaro mana nan. Ban yarda da masu cewa dam ba shi da amfani ba.

Amma kuma ban yarda da abin da muke yi a tarukanmu ba, da zarar ɗan siyasa ya zo neman ƙuri'ar 'yan Arewa mazauna Kudu sai mu miƙe mu ce a gina mana sabon dam a garinmu. Ruwan da aka tare a wuri ɗaya, wani aka hana a gaba. Kafin a yi Tiga da Challawa (wannan a 1992 aka gama shi), kogin Haɗejia yakan cika ya malale fadamun da ke tsakanin Haɗejia da Nguru da damina, sannan ya janye. Manomi ya shuka shinkafa a kan ambaliya, in ruwa ya ja ya bi danshi da wake da kayan lambu, masunci ya kama kifi, Bafulatani ya sauko da shanu. Ƙasa ɗaya tana ciyar da mutum uku a shekara. Da aka tare ruwan sai babbar ambaliyar ta ragu, aka koma sako shi kaɗan-kaɗan duk shekara. Ƙasa ta daina bushewa, kachalla kuwa abin da take so ke nan. Ta toshe hanyoyin ruwa, laka ta taru, ruwa ya bar inda ake bukatarsa ya kwanta a gonakin mutane, jan-baki kuma ya sami wurin kwana yana tashi ya cinye abin da ya saura. Mutanen Gashuwa suna kukan ruwa bai iso ba, wasu a baya suna kukan ya yi yawa. Ɗan garuwan layinmu daga nan ya fito. Shi ya sa har yau ake jayayya a kan dam ɗin Kafin Zaki na kogin Jama'are: mutanen Bauchi suna so, na Yobe suna tsoro, kuma ni ban ga laifin tsoronsu ba.

Ga Bakolori kusa da Talatar Mafara. An kashe maƙudan kuɗi, kamfanin Italiya ya yi aikin, aka tashi ƙauyuka, aka karɓe gonaki. Da manoma suka tare hanya suna neman diyya, a watan Afrilun 1980 'yan sandan kwantar da tarzoma suka buɗe musu wuta, aka kashe mutane da dama. Ga kuma aikin ban ruwa na Kudancin Tafkin Chadi a wajen Marte, wanda aka tsara zai shayar da hekta 67,000, aka haƙa kanal, aka kafa manyan injuna, sai tafkin ya janye a farin shekarun 1980 ya bar bakin kanal ɗin a tudu.

Abin da ya fi damuna shi ne gyara. Mu mutane ne masu son bikin buɗe sabon abu, a yanka zare a tafa, daga nan kowa ya kama gabansa. Dam ɗin Bagauda ya ɓalle a 1988. Na Alau ya ɓalle a watan Satumbar 2024 ya cinye rabin Maiduguri, bayan an daɗe ana ganin alamun lalacewa, kuma ba wannan ne karon farko da ruwansa ya shiga garin ba, an yi a 1994. A kanal ɗin da na sani, wanda gonarsa take kusa da ƙofa yakan sha ya ƙoshi har ya yi ɓarna, na ƙarshen layi ya kwana yana gadin ruwan da ba zai zo ba. Wani ya fasa bango da daddare ya ja zuwa gonarsa. Ciyawa ta cika magudana, kowa yana jiran hukuma ta zo ta yashe. In aka ce a biya kuɗin ruwa sai a ce ai ruwa na Allah ne. Gaskiya ne na Allah ne, amma siminti da ƙofar ƙarfe da albashin mai buɗewa fa? Mu nan ba ma musu da ɗan garuwa a kan kuɗin jarka, mun san ƙarfinsa muke biya. Na san amsar da manomi zai ba ni, cewa ya sha biya bai ga gyara ba, kuma yana da gaskiya. Maganin wannan shi ne wani kaso na kuɗin ya tsaya a hannun ƙungiyar masu amfani da ruwa ta wannan layi, su yashe da kansu, su san wanda ya biya da wanda ya ƙi. An gwada haka a aikin gyaran da Bankin Duniya ya tallafa a Kano da Haɗejia da Bakolori daga 2014, kuma a ganina wannan ɓangare ya fi simintin da aka zuba muhimmanci.

To mu ina namu a ciki? Yawancin kayan miyan da muke sayarwa ba ma daga manyan ayyukan gwamnati suke fitowa ba. Ƙaramin manomi ne a fadama da 'yar rijiyarsa da injin ban ruwa, wanda ya gaji jigon kakanninsa. Tun da aka cire tallafin man fetur a watan Mayun 2023 wannan manomi yake cikin wahala, domin injin nan fetur yake sha safe da yamma. Wasu sun rage fili, wasu sun mai da injin ya koma aiki da gas, wasu sun jingine sun taho nan. Famfo mai aiki da hasken rana yana da tsada a saye na farko, daga nan kuwa ba ruwanka da gidan mai. Mu da muke yin adashi, muke tara kuɗi mu gina gidan da ba ma kwana a cikinsa sai da sallah, me zai hana mutum biyar 'yan gari ɗaya su haɗa su saya wa ƙannensu, a riƙa biya da kwanduna in an fara tsinka? Sai dai a yi hattara, sola ba ta san gajiya ba, in kowa ya zuƙa yadda ya ga dama rijiyoyin fadama za su ja ƙasa, mu sake komawa gidan jiya. A yi magana da maƙwabta a kan ranakun ban ruwa tun kafin a sa famfon.

Na kawo wannan shawara a zamanmu na 'yan gari wancan watan, mutum biyu suka amsa, sauran suka ce sai an gama zancen kuɗin fentin masallaci. Shi kuwa yaron Haɗejia ya ce mini in damina ta faɗi zai je gida, amma ba noma zai yi ba, gayya aka kira ta sarar kachalla a bakin hanyar ruwansu, kowane gida mutum ɗaya da adda.